Ƙanwata, kafin ki ɗauki jaka ki nufi lokeshin, wurin ɗaukar fim

Yawancin matan da ke cin abinci a Kannywood ba su ne ake sa wa hoto a fosta ba. Su ne ƙawar jaruma, kishiya, nas, maƙwabciya mai gulma. Wata ta shekara goma a haka, kowa ya san fuskarta, ba wanda ya san sunanta. Idan za ki shiga, ki shiga da sanin cewa nan ne mazaunin mafi yawa.

Fara da takarda. Ki yi rajista da Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano da ƙungiyar 'yan wasa, ki je da amincewar iyaye ko waliyyinki. Duk wanda ya ce zai shigar da ke ta bayan gida, ko ya ce gwajin a ɗakin otal za a yi, ki bar shi da kayansa. Gwaji a ofis ake yi, da rana, gaban mutane.

Sai maganar kuɗi, wadda kunya ke hana 'yan mata yi. Kafin a kunna kyamara ki san sin, wato fitowa, nawa za ki yi, nawa ne kuɗinki, wa zai biya kuɗin mota da abinci da masauki, kuma yaushe za a sallame ki. A rubuta, ko da a saƙon waya ne. "Za mu daidaita" ba farashi ba ne. A 2022 dattijuwar 'yar fim Ladin Cima ta faɗa wa BBC Hausa cewa akan sallame ta da dubu biyu zuwa biyar. Wasu furodusoshi sun musanta, amma cece-ku-cen ya nuna irin abin da rashin rubutu ke jawowa. Tun da kasuwar faifai ta mutu aka koma fim mai dogon zango a YouTube da talabijin, ki tambaya: biyan na kowane kashi ne ko na zangon gaba ɗaya? A nan ake yawan cutuwa.

A wurin aiki abin da ke sa a sake kiranki ƙarami ne. Ba a ɗaukar fim bi da bi. Sin ɗin da aka fara yau ana iya ƙarasa shi bayan mako biyu. To ki ɗauki hoton shigarki a waya: ɗaurin ɗankwali, ɗan kunne, lallen hannu, har kafaɗar da kika yafa mayafi. Lalle yana dusashewa, edita mai haɗa hoton fim kuwa ba zai iya gyara shi ba, sai dai a yanke ki. Ki haddace maganarki har da ta abokin wasanki, don ki san inda za ki shigo. Awarwaro masu ƙara ki cire, makirfo na kama su. Kada ki kalli cikin kyamara.

Kuma kada ki saki ɗinkinki ko shagonki ko makaranta. Ana iya wata uku waya ba ta yi ƙara ba, kuɗin haya kuwa ba ya jira, ga ashobi da kayan fita da za ki saya da kuɗinki.