Fim ɗin 1913 ya ja min gaba a gidana

Jama'a duk mai aure kar ya kuskura ya kalli fim mara sauti da tsakar dare. Ina kwance wajen ƙarfe ɗaya na ci karo da wani tsohon fim a YouTube, A House Divided, na 1913, wanda wata Bafaranshiya Alice Guy-Blaché ta yi a kamfaninta Solax can Amurka. Ba magana ko ɗaya, sai zare ido da ɗaga hannu, ni kuma ina ta ƙyalƙyala dariya cikin bargo.

Ashe uwargida idonta biyu. Namiji yana wa waya dariya da daddare kuma wayar shiru, ai ba sai an kira shaida ba. Sai ji na yi an fizge wayar.

"Malam, wace ce wannan?"

Na ce haba Hajiya, Baturiyar nan ai ta daɗe a kabari, zo ki gani. Ta zauna muka kalla. A fim ɗin, wani mai tallar turare ne ya fesa wa mijin turare a ofis, ya dawo gida yana ƙamshi matar ta ɗau zafi, shi kuma ya tsinci safar hannun wani namiji a gidan shi ma ya ɗau nasa, suka je wajen lauya aka rubuta musu yarjejeniya za su zauna gida ɗaya amma ba magana sai dai rubutu a takarda. Ni ina dariya, ita ko murmushi babu, cewa ta yi wai matar tana da gaskiya.

Ran Juma'a muna fitowa masallaci wani mai turare ya cafki hannuna ya goga min, wai in ji kawai ba sai na saya ba. Wallahi turaren nan na mata ne, irin mai zaƙin nan. Ina shiga gida ta shinshina sau ɗaya ta shige ɗaki.

Da yamma na tarar da takarda a kan kula: "Ga tuwonka." Washegari wata a jikin madubi, lissafin cefane har da kuɗin gas. Na bi gidan nan kaf ina neman safar hannun namiji ko zan samu abin ramuwa, a zafin Kano wa zai sa safar hannu? Sai ta wanke-wanke na samu, ita ma ni na sayo ta.

Yanzu autarmu ce ke kai takardun, kuma ta ce kowace ɗaya naira hamsin.