Ƙaryar Afrilu Da Yatsan Da Ke Tura Ta

Assalamu alaikum, 'yan uwa.

Duk ranar 1 ga Afrilu, manyan kamfanonin Turai da Amurka kan ƙirƙiro ƙarya su sake ta a shafukansu da sunan raha. Tun a 1957 BBC ta nuna wa mutanen Ingila manoma a Suwizalan suna tsinkar taliya daga kan bishiya, har wasu suka buga waya suna tambayar yadda za su shuka tasu. Al'adarsu ce, can ta samo asali. Abin da ke damuna shi ne yau wayar da ke aljihunmu ta kawo mana ita har tsakar gida, mu kuma muna turawa muna dariya.

Ku dubi abin da Google ya yi a 2016. Ya ƙara wani maɓalli a Gmail, dab da wanda ake dannawa a aika saƙo. Wanda ya taɓa shi, wasiƙarsa za ta tafi da hoton barkwanci na wani ɗan tsana yana yar da makirfo, amsar da aka maido masa kuma ba zai gan ta ba. To, akwai mai rubuta wa maigidansa a wurin aiki, akwai mai neman aiki, akwai mai maganar da ba ta wasa ba ko kaɗan. Yatsa ya zame, magana ta lalace. Cikin sa'o'i kamfanin ya cire maɓallin, ya ba da haƙuri. Amma wasiƙar da ta tafi ta riga ta tafi, wa zai dawo da ita?

A 2021 Volkswagen ya ce zai sauya sunansa a Amurka zuwa Voltswagen. 'Yan jarida suka tuntuɓa, aka tabbatar musu, suka buga. Daga baya kamfanin ya fito ya ce wasa ne. Su kansu masu harkar sun fara gajiya: Microsoft ya hana ma'aikatansa wannan wasa a 2019.

Mu kuwa an hana mu tun ƙarni goma sha huɗu da suka wuce. Manzon Allah (SAW) ya ce bone ya tabbata ga wanda yake ba da labari ya yi ƙarya don mutane su yi dariya, ya sake cewa bone gare shi, bone gare shi. Abu Dawud da Tirmizi suka ruwaito. Shi ma yana raha da sahabbansa, amma ba ya faɗin komai sai gaskiya. Ya kuma lamunce gida a tsakiyar Aljanna ga wanda ya bar ƙarya ko da cikin wasa.

Hadisin da ya fi tayar mini da tsikar jiki yana cikin Bukhari, daga Samura ɗan Jundub. A mafarki aka nuna wa Annabi (SAW) wani mutum ana tsaga gefen bakinsa da ƙugiyar ƙarfe har ƙeya, kafin a gama ɗaya gefen na farko ya warke, a sake komawa. Aka ce masa wannan shi ne mai fita daga gidansa ya yi ƙaryar da za ta kai sasannin duniya. A wancan zamani sai ayari ya ɗauki labari. Yau daga kan tabarmarka, da yatsa ɗaya, kafin ka gama shan shayi ta isa Kano, Yamai da Jidda.

Kada ka ce ai ba ni na ƙirƙira ba, turawa kawai na yi. Muslim ya ruwaito cewa ya ishi mutum ƙarya ya riƙa faɗin duk abin da ya ji.

Bara wani ƙanena ya turo wa zauren danginmu na WhatsApp sanarwar kyautar data da tambarin wani kamfani, wai kowa ya tura wa mutum ashirin. Gwaggonmu, mai shekara saba'in, ta sa jikanta ya tura wa duk wanda ke cikin wayarta, ta wuni tana jiran data. Da yamma ta kira ni ta ce, "Ɗan nan, ashe na yi wa mutane ƙarya?" Ita da ko a ciniki ban taɓa jin ta ƙara kwabo a kan gaskiya ba. Washegari ta sa yaron ya bi sunayen ɗaya bayan ɗaya, tana neman gafararsu.