Gida ba kuɗi ba ne, a daina yi wa marayu lissafin dillalai

Tun jiya nake danne zuciyata kan maganar gidan marayun nan na unguwarmu, amma abin ya ƙi dannuwa. Kun dai san zancen. Baffansu ya haye gida ya ce nasa ne, uwarsu ta kai ƙara, sai aka ce mata a fara kimanta gidan tukuna, domin abin da za ta biya ya danganta da darajarsa. Madalla! An cuce ki, yanzu kuma kawo kuɗin da za a saurari cutar.

Wa ya yi ƙiyasin? Dillali. Ya zo da babbar riga, ya ƙwanƙwasa bango, ya leƙa titi ya ga kwalta ta iso, ya ce miliyan 30. Bai dubi robar da aka tara a tsakar ɗaki saboda yoyo ba, bai dubi kaskon awarar da matar ke ciyar da yara da shi a ƙofar gida ba. Mu ƙaddara kashi 2 cikin 100 kawai za a nema. Naira dubu 600 ke nan. Mafi ƙarancin albashi a ƙasar nan dubu 70 ne tun 2024, wato albashin fiye da wata takwas, daga hannun matar da ba ta da albashin ma.

Gida ba kuɗi ba ne, jama'a. Marigayin ya sayi filin tun wurin yana gonar dawa, gari ya zo ya same shi. An saki Naira a 2023 kasuwa ta riƙa yanka mata daraja, siminti ya yi tashin gwauron zabi, farashin gidaje ya bi shi. A takarda marayun nan sun zama masu kuɗi, a tukunya kuwa ko gishiri bai ƙaru ba. Abin da wannan lissafi ke cewa shi ne: sayar da gidan ki biya kuɗin ƙwato gidan. Wane irin hankali ne wannan?

Na san masu kare abin za su zo. Wai in babu kuɗi kowa zai riƙa kai ƙarar banza. To wa kuɗin yake korewa? Attajirin da ya saba cin filayen mutane yana da lauya, kuɗin shigar da ƙara a wurinsa kuɗin goro ne. Wanda ake korewa shi ne mai gaskiyar da ba shi da ko sisi. Wasu kuma za su ce ai kotu ma tana da hidimomi. Ƙwarai, amma takardar sammacin gidan miliyan 30 ba ta fi ta gidan miliyan 3 tsawo ba, masinja ɗaya ne zai kai ta, alƙali ɗaya ne zai zauna. Sai mai cewa a je hukumar ba da agajin lauya kyauta. Tun 1976 take, amma shiga ƙauye ka tambayi wanda ya san ofishinta.

Ban da wasa, tsarin mulkin 1999, sashe na 17, ya ce a tabbatar mutane suna isa kotu cikin sauƙi. Kotun Ƙoli kanta, a shari'ar Akpaji da Udemba ta 2009, ta ce in magatakarda ne ya gaza wajen lissafin kuɗin ƙara, ba a kashe shari'ar mutum saboda haka, cikon kawai zai biya. Ke nan manyan alƙalai sun san haƙƙi yana gaba da rasit. A dokokin manyan kotuna ma akwai damar wanda ba shi da hali ya nemi a ɗauke masa kuɗin, sai dai a teburin rajista ba mai faɗa maka.

Tun zamanin En'e ake yankar ushira, wato kason da hukuma ke cira, a rabon gado, har mun saba, mun ɗauka haka Allah ya yi abin. Kuma kuɗin hukuma shi ne mai sauƙin ma. Akwai kuɗin mota na zuwa duba fili, kuɗin buga takarda, kuɗin neman fayil ɗin da ya ɓata jiya ya bayyana yau. Babu ɗaya mai rasit. Mai wayo sai ya haɗa baki da dillali a karya darajar gida don kuɗin ya sauko, mara wayo a cika masa. Ƙiyasin da ake ciniki a kansa kamar tumatir ba ƙiyasi ba ne.

Ni dai abin da nake nema kaɗan ne: a manna jadawalin kuɗin a bangon kowace kotu da Hausa, a sa iyakar da ba za a wuce ba, gidan da magada ke kwana a ciki kuma a jinkirta kuɗinsa har a yanke hukunci.

Af, ku kuma masu unguwannin da ke sa hannu a takardar cinikin fili ɗaya sau biyu, ga mutum biyu, da biro ɗaya, ban manta da ku ba. Ranarku daban ce, kuma zan faɗi yadda ake raba la'adar.