Ayilan: dajin da aka dasa a layi, harshen da aka bari a aji

Duk wanda ya ga hoton ƙasar Ayilan zai ɗauka ƙasar daji ce, don ko'ina kore shar. Amma ciyawa ce ta kiwo. Daji bai wuce kashi 11 da 'yan kai cikin 100 na faɗin ƙasar ba, alhali a Tarayyar Turai gaba ɗaya ya doshi kashi 40. A farkon ƙarni na 20 ma abin ya fi haka muni, don kusan kashi 1 kacal ya rage. Kwanakin nan karatuna ya karkata kan itatuwan wannan tsibiri da harshen mutanensa na gado da suke kira Gaeilge, kuma abin ya tsaya mini a rai har na ga ya kamata in kawo muku shi nan.

Waɗannan mutane sun taɓa sanin daji sanin da har ya shiga shari'arsu. Akwai wata tsohuwar dokar zaman maƙwabtaka tasu ta wajen ƙarni na 8, Bretha Comaithchesa, wadda ta jero itatuwa da ƙananan tsirrai 28, ta kasa su aji huɗu, bakwai-bakwai. Na sama su ne sarakunan daji, sai talakawan daji, sai na ƙasa da su, sai sarƙaƙiya. Kuma ba don kyan gani aka ba su sarautar ba, amfani aka duba. Itacen dair, wato oak da Ingilishi, ya hau saboda katakonsa da 'ya'yansa da dabbobi ke ci. Itacen coll saboda ƙwayarsa da tsumagunsa na shinge. Wani don ƙotar mashi da kayan ɗaki, wani don ƙaronsa, tuffar daji don 'ya'yanta da ɓawonta. Wanda ya yi wa ɗaya daga cikin sarakunan nan ɓarna a gonar wani, tararsa darajar shanun tatsa biyu da rabi ce. Bayan tara kuma akwai diyya: in reshe ya sare, karsana 'yar shekara ɗaya, in daga gindi ya kayar, saniyar tatsa guda. Duk wanda ya taso kusa da makiyaya ya san abin da ake nufi a ce a raba gida da saniyar da ake tatsa. Alƙalin da zai yanke wannan hukunci dole ya san itacen da sunansa, ya san ajinsa, ya san wane irin sara aka yi masa. Ke nan ilimin daji a bakin mutane yake, cikin harshensu.

Ba zan ɗora wa Turawan Ingila laifin ƙarewar dajin gaba ɗaya ba, don ba gaskiya ba ne. Manoma sun yi dubban shekaru suna sassabe tun kafin su zo, kuma a 1841 jama'ar tsibirin ta haura miliyan 8, kowa na neman gona da makamashi. Amma a ƙarni na 16 da na 17, da aka ci su da yaƙi aka raba ƙasarsu ga baƙi, sauran kurmin ya tafi a gawayin narka ƙarfe, da katakon ganguna, da ginin jiragen ruwa. A wannan zamanin ne kuma aka soke tsohuwar shari'ar tasu aka kafa ta Ingila. Harshen ya bi sahu daga baya. Makarantun gwamnati da aka buɗe daga 1831 da Ingilishi suke koyarwa. Sai babbar yunwa ta 1845 zuwa 1852, lokacin da cuta ta lalata dankalin da talaka ya dogara da shi: kimanin mutum miliyan ɗaya suka mutu, wasu kimanin miliyan ɗaya suka yi ƙaura, kuma mafi yawansu talakawan karkara ne masu magana da Gaeilge. Bayan haka iyaye da kansu suka riƙa tura 'ya'yansu ga Ingilishi, don yaron da zai je ci-rani Amurka shi yake buƙata. Ba na ganin laifinsu. Yunwa ce ta yanke musu shawara.

Abin da ya rage shi ne sunayen garuruwa. Derry asalinsa Doire, kurmin dair. Kildare kuwa Cill Dara, cocin da ke gindin dair. Mayo daga Maigh Eo, filin wani itace da ake kira eo. Masu awon ƙasa na gwamnatin Birtaniya da suka zana taswirar tsibirin tsakanin 1824 da 1846 sun rubuta dubban irin waɗannan sunaye da ƙa'idar rubutun Ingilishi. Sautin ya ɗan saura, ma'anar ta ɓuya. Mutum yana zaune a garin da sunansa ke cewa nan kurmi ne, ga babu kurmin, shi kuma ba ya jin abin da sunan ke faɗa.

Da suka sami mulkin kai a 1922 sun tashi haiƙan su dawo da abubuwan biyu, kuma a nan ne hankalina ya fi tsayawa. Daji ya tashi daga kashi 1 zuwa 11. A takarda wannan babbar nasara ce. Sai dai kusan rabin abin da aka dasa wani itace ne guda, Sitka, da aka kawo daga gaɓar yammacin Arewacin Amurka. Yana girma da sauri, ana dasa shi layi-layi a matse, bayan shekara talatin da wani abu a aske shi gaba ɗaya a kai injin katako. Ƙarƙashinsa duhu ne, ba abin da ke tsirowa sosai. A gundumar Leitrim har mazauna sun yi ta kokawa cewa ya mamaye musu gonaki ya rufe musu maƙwabta. Dajin gado na ainihi bai wuce kashi 2 na ƙasar ba.

Harshen ma haka. An wajabta shi a makaranta, tsarin mulkin 1937 ya sa shi harshen hukuma na farko, a 2007 ya shiga harsunan Tarayyar Turai. A ƙidayar 2022 mutum kusan miliyan 1.9, wato kashi 40 cikin 100, suka ce suna iya magana da shi. Amma masu yin sa kullum a wajen makaranta ba su kai 72,000 ba. Ba raina ƙoƙarinsu nake yi ba, Allah ya sani. Suna da gidan rediyo na harshen tun 1972, da talabijin ta TG4 tun 1996, ga iyaye a birane suna rububin kai yara makarantun da ake koyar da komai da Gaeilge. Ina jinjina musu. Abin da nake cewa shi ne gwamnati na iya dasa itace ta ƙirga, tana iya sa darasi ta ƙirga, amma kakar da za ta nuna wa jika ganye ta ce masa ga sunansa, ga abin da yake magani, kada ka sare shi a wata kaza, ita ba a dasa ta da kasafin kuɗi. Abin lura ma, inda tsohon sanin ya saura ya tsare itace. A 1999 mai ba da tatsuniya Eddie Lenihan ya tashi tsaye kan wata 'yar ƙayar itace a Latoon, gundumar Clare, wadda ake cewa matattarar aljanu ce, kuma aka shimfiɗa babbar hanya aka bar ta a tsaye. Ba sai na yarda da aljanun ba kafin in ga cewa labari ne ya cece ta. Mu da muka san yadda ake shakkar tsamiya da kuka ba baƙon abu ba ne a wurinmu.

Jama'a, Hausa ba ta cikin halin Gaeilge, kullum ƙara yaɗuwa take. Amma Hausar daji tana zubewa a gabanmu. A Kano akwai Kurna da Giginyu da Rimin Gado, a Sakkwato akwai Gawon Nama, a Kaduna Unguwar Rimi. Yaro nawa a cikinsu zai iya nuna maka itacen da unguwarsu ta ci sunansa? Ya san darbejiya, wadda daga Indiya aka kawo ta, don ita ake raba wa mutane duk ranar bikin dashen itace. Tambaye shi taura, ko ɗinya, ko bambancin kanya da kaɗanya, ko me ya sa manomi ke barin gawo a tsakiyar gona. Manomin ya san gawo da damina yake zubar da ganye, ba ya tare wa gero rana, ga taki a gindinsa. Marke da ƙirya kuwa suna tafiya a buhunan gawayi. Manoman Maraɗi da Damagaram sun nuna akwai wata hanya: tun shekarun 1980 suka riƙa barin tohon kututture a gona suna gyara shi, abin da suke kira sassabin zamani, har aka kiyasta itace miliyan 200 a kan hekta miliyan 5. Sun iya ne don har yanzu sun san wane toho ne na wane itace.

Akwai abu ɗaya da Ayilan ta yi da nake so a kwaikwaya tun tsofaffinmu na raye. Daga 1937 zuwa 1939 an tura yara 'yan firamare sama da 50,000 daga makarantu kimanin 5,000 su zauna da kakanni da maƙwabta su rubuto abin da suka sani: magungunan gargajiya, sunayen gonaki da rijiyoyi, tatsuniyoyi, sana'o'i, camfe-camfen itatuwa. An tara shafuka kusan 740,000, kuma yau da dama daga cikinsu suna intanet da rubutun hannun yaran. Kayan aikin littafin rubutu ne da alƙalami. Malaman firamare da na Islamiyya da ke bibiyar wannan shafi, ku ba 'yan aji biyar da shida aikin hutu: kowa ya kawo sunan itace goma na garinsu, da amfanin kowanne, da sunan wurin da yake tsaye ko inda ya taɓa tsayawa. In kun tara, ku ɗauki hoton shafukan ku ɗora, kowane gari da nasa.