Tagar bene a kan tsakar gida

Na ji labarin wasu maƙwabta da suka maka wani mai gini a kotu, wallahi kamar daga layinmu aka ɗauko shi. Nan Nasarawa GRA a Kano, tsohon gida ɗaya mai bishiyoyin mangwaro, an sare su, an yanka filin, an jera benaye. Yanzu tagar sama tsakar gidanmu take kallo, iyalina ko shanya ba sa fita yi sai da mayafi. Da damina kuwa ruwansu ƙofarmu yake kwana, don an cinye kwatar.

Dokar filaye ta 1978 amanar filayen jiha ta damƙa wa gwamna, ai maƙwabci ma yana cikin amanar. Mu da muka kai ƙara, ana ta ɗage zama har suka yi fenti, 'yan haya suka tare.