Constantine a faifan 4K: fim ɗin duhu ba ya son kwafin waya

Duk wanda ya kalli Constantine a irin kwafin nan da ake tura wa mutane a waya, gaskiya rabin fim ɗin ya gani. Fim ne na 2005, Francis Lawrence ya ba da umarni, Keanu Reeves ya fito a John Constantine, mai cire aljanu a birnin Los Angeles, sigari ta gama da huhunsa ciwon daji ya kama shi, yana ta kora shaiɗanu wuta ko Allah zai yafe masa yunƙurin kashe kansa da ya yi tun yana yaro. A Fabrairun 2025 kamfanin Warner Bros ya sake fito da shi a faifan 4K, wato faifan da hotonsa ya fi na DVD da Blu-ray fitowa tar, saboda ya cika shekara 20.

Kusan komai a fim ɗin nan cikin dare yake faruwa ko a ɗaki mai ƙarancin haske, kuma in aka matse bidiyo don ya shiga memori, baƙin ne yake fara lalacewa, ya koma dabbare-dabbare. Ku duba wurin da fitilun titi suke mutuwa ɗaya bayan ɗaya, Constantine da 'yar sandar da Rachel Weisz ta fito a ciki suna tsaye, shaiɗanu masu fukafukai suna kewaye su ta sama, a waya ƙara kawai za ka ji ba ka ganin komai, amma a sabon faifan kana ganin motsinsu cikin duhun tun kafin ya kunna wuta, kuma nan tsoron yake. Haka wutar jahannama da suka zana kamar babban titin Los Angeles da ya ƙone, motoci sun narke iska mai zafi tana kaɗawa. Ga Peter Stormare da ya fito a Iblis, fararen kaya, ba takalmi, baƙin kwalta na ɗiga daga ƙafarsa, yanzu har zanen da ke wuyansa ya fito sosai.

Tsaftar hoton ta tona wani asiri dai. Aljanin da ƙwari suka haɗu suka yi jikinsa ya nuna tsufa, kana gani ka san aikin kwamfuta ne na wancan lokacin.

Abin da ya fi damuna ba hoto ba ne. Labarin an ɗora shi a kan aƙidar Katolika da aka cakuɗa da tatsuniya, har suka sa Tilda Swinton ta fito da sunan mala'ika Jibrilu kuma suka mai da shi maci amana, wallahi wannan ba ƙaramin abu ba ne, kuma ba fim ne da za a kunna wa yara a falo ba, ko a Amurka ma na manya aka ware shi.

Wanda zai saya ya sani na'urar DVD ko Blu-ray ta da ba za ta karanta faifan ba, sai mai 4K, talabijin ɗin ma in ba mai HDR ba ce, wato fasahar da ke fito da haske da duhun hoto sosai, kuɗinka bai biya ba.