Sembene bai tsaya kan laifin Bature kaɗai ba

Duk lokacin da aka zo maganar Ousmane Sembene, ɗan fim ɗin Senegal da ya rasu a Dakar a 2007, abin da aka fi ambata shi ne yadda ya tona asirin mulkin mallakar Faransa. Gaskiya ne, ya yi hakan. A fim ɗinsa Camp de Thiaroye na 1988 ya ba da labarin sojojin Afirka da suka yi wa Faransa yaƙi, suka dawo gida suna neman haƙƙinsu, aka buɗe musu wuta a Disambar 1944. Amma a ganina wanda ya tsaya nan ya rage wa mutumin daraja, domin ayyukansa mafi kaifi kan 'yan'uwansa ya yi su, waɗanda suka gaji kujerar Bature bayan samun 'yancin kai a 1960.

Ɗan masunci ne daga Ziguinchor, an haife shi a 1923. Ya yi soja, ya yi dako a tashar jiragen ruwa ta Marseille, can ya fara rubuta littattafai da Faransanci. Da ya ga talakawan da yake rubutu a kansu ba za su iya karantawa ba, sai ya tafi Mosko koyon aikin fim yana dab da shekara arba'in.

A dubi Mandabi na 1968, wanda ya yi da harshen Wolof. Wani magidanci, Ibrahima Dieng, mai mata biyu da tarin 'ya'ya, ba shi da aikin yi. Ɗan 'yar'uwarsa mai sharar titi a Paris ya aiko da takardar kuɗi ta gidan waya. Kafin ya karɓi ko sisi, labari ya bazu a unguwa: mai kanti ya fara ba da bashi, maƙwabta sun fara sallama. A gidan waya aka ce sai da katin shaida. Katin kuma sai da takardar haihuwa da hoto. Haka dattijon nan ya yi ta zarya cikin babbar rigarsa, daga wannan ofis zuwa wancan, ma'aikata na yi masa kallon banza saboda ba ya jin Faransanci, har wani ɗan boko da ya amince wa ya damfare shi. Duk waɗanda suka wulaƙanta shi 'yan ƙasarsa ne, kuma wannan shi ne abin da ke ci mini rai duk sanda na tuna fim ɗin.

A Xala na 1975 ya koma kan manyan 'yan kasuwa, waɗanda suka kori Turawa daga zauren shawara da kirari, sannan suka karɓi jakunkunan kuɗi daga hannunsu.

Akwai masu cewa yana da tsauri, yana tsiraita al'umma a gaban baƙi. Ceddo na 1977, wanda gwamnatin shugaban Senegal na lokacin, Senghor, ta hana nunawa, ya taɓo yadda ake fakewa da addini a nemi mulki, kuma Musulmi da dama ba su ji daɗinsa ba. Ba sai an yarda da duk hukuncinsa ba. Sai dai zargin cewa don Turawa yake yi bai da tushe, tunda shi da kansa yake ɗaukar fina-finansa zuwa ƙauyuka ya nuna, ya zauna a yi muhawara. Ko Moolaadé na 2004, kan kaciyar mata, jarumarsa macen ƙauye ce, Collé, da ta ɗaura igiya a ƙofar gida ta ba yara huɗu mafaka, ta sha bulala a bainar jama'a ba ta janye ba. Daga cikin garin gyaran ya taso.

Abin takaici, yau fina-finansa sun fi yawo a jami'o'in Turai da Amurka. A Kano ana fassara fina-finan Indiya zuwa Hausa ba dare ba rana. Ya kamata masu wannan sana'a su nemi izini su fassara Mandabi, don duk wanda ya taɓa bin layin neman katin ɗan ƙasa zai gane Ibrahima Dieng tun daga fitowar farko.